Da Ɗan Gari Akan Ci Gari: Yini Guda a Tsibirin Lantau

Sai da na kwana shida a Hong Kong kafin in ɗaga kai in dubi sama. Duk wanda ya taɓa zuwa sarin kaya ya san wannan hali: daga masauki sai shago, daga shago sai wurin masu auna kaya, ido a kan lissafi, kunne a kan waya. Mun sauka a Chungking Mansions da ke titin Nathan, benen nan mai hawa 17 da fataken Afirka da Indiya da Fakistan suka mayar da shi zango. Ranar Litinin muka gama ɗaurin kaya, jirginmu kuwa sai Laraba da dare. Ashe Talata tawa ce, tun daga asuba har dare.

Da muka idar da sallar isha'i a masallacin Kowloon, na biya ta wani ɗan shago na kwaso takardun talla guda uku, dukkansu na yawon buɗe ido a tsibirin Lantau. Kowace takarda da hoton ƙaton mutum-mutumin Buddha zaune a kan dutse, da hoton ƙauyen masunta mai gidaje a kan ruwa. Na baje su a kan gado ina dubawa, sai abokin tafiyata, wani dattijo ɗan Kantin Kwari aminin mahaifina, ya leƙo ya girgiza kai.

"Ɗana, kada ka jefa kuɗinka a rijiya," in ji shi. "Shekarun baya na biya irin wannan. Wurare bakwai suka rubuta a takarda, amma cikin bas na yini. Duk inda muka tsaya, kafin ka daidaita tsayuwarka mai tuta ya fara kira. Wuri ɗaya kawai aka bar mu muka sake, shagon masu sayar da gwal."

Na ce, "Baba, ai shi ya sa nake so in zaɓa da kyau."

Ya yi shiru, sannan ya kawo abin da ya fi damunsa. "To, kai me za ka je yi wurin gunki?"

Tambaya ce ta gaskiya, kuma ban ɗauke ta da wasa ba. Na ce masa shekara da shekaru muna cin kasuwa da mutanen nan, mun san farashin kayansu har zuwa kwabo, amma ba mu san me suke tsoro ba, me suke fata, yaya suke girmama iyayensu da matattunsu. Zan je ne da ido da kunne, imanina yana inda yake. Ya ce, "Allah ya tsare. Amma ka tabbata sallarka ba ta kuɓuce ba."

Takardun nan uku, hanyoyi uku suka nuna. Ta farko babbar bas ce mai ɗaukar mutum arba'in ko fiye, ta fi araha, ta fi yawan wuraren tsayawa. Ta biyu tikiti ne kawai a haɗe, na jirgin igiya da bas da kwalekwale, kai ne jagoran kanka. Ta uku ƙaramin ayari ne tare da ɗan jagora, wurare uku rak: farfajiyar Ngong Ping inda Buddha yake, gidan zuhudu na Po Lin, da ƙauyen Tai O. Ita ta fi tsada.

Gaskiya Lantau ba wurin da mutum zai ɓata ba ne. Jirgin ƙasa yana kai ka har Tung Chung, bas mai lamba 23 tana hawa Ngong Ping, mai lamba 21 tana gangarawa Tai O, mai lamba 11 ta dawo da kai. Idan hanya ce kawai matsalar, babu dalilin biyan kowa. Abin da baƙo yake saye da kuɗin jagora shi ne bakin da zai fassara masa abin da idonsa ke gani, da kuma lokacin da zai tsaya ya gani. Don haka na ɗauki waya na kira lambobin, na yi musu tambayoyi irin na ɗan kasuwa. Mutum nawa ne a ayarin? Awa nawa za mu yi a kowane wuri, ban da zaman mota? Akwai shagon da dole sai an tsaya? Wane irin abinci ne? Idan iska ta hana jirgin igiya tashi, yaya za a yi? Shi jagoran, ɗan ina ne? Wasu suka riƙa kewaye-kewaye. Matar da ta ɗauki waya ta uku kuwa ta amsa ɗaya bayan ɗaya: mutum takwas, babu shago, abincin ganye ne, idan iska ta taso bas za a hau, jagoran kuma haifaffen Tai O ne. Da na ce ina bukatar 'yan mintuna sau biyu don salla, ta ce in gaya masa da safe, zai shirya. Nan take na biya.

Ƙarfe tara da rabi muka haɗu a Tung Chung. Jagoran dattijo ne siriri, ya ba sittin baya, rana ta gasa masa fuska, ba tuta a hannunsa sai 'yar laima a naɗe. Ya ce a harshen Kanton yara kan kira babban mutum da kalmar da ke nufin kawu, mu ma mu kira shi haka. Tun daga nan ya zama Kawu a bakina.

Jirgin igiyar, wanda suke kira Ngong Ping 360, ɗakuna ne na gilashi rataye a igiyar ƙarfe. An buɗe shi a 2006, tsawon tafiyarsa kilomita 5.7, yana cin kamar minti 25. Da muka tsallaka gaɓar Tung Chung sai duniya ta buɗe. Ga filin jirgin sama na Chek Lap Kok, wanda ya fara aiki a 1998 bayan an baje tsibirai an cike teku, jirage na sauka a ƙasa da ƙafafunmu. Can yamma ga gadar da ta haɗa Hong Kong da Zhuhai da Makau, mai kilomita 55, wadda aka buɗe a 2018. Kawu ya nuna inda gadar ta nutse cikin ruwa ta zama ramin ƙarƙashin teku, don manyan jiragen ruwa su sami hanya. Daga nan igiya ta juya ta fuskanci duwatsu, gine-gine suka ɓace, sai kore ko'ina. Ya ce Lantau ya kusa ninka tsibirin Hong Kong kansa a girma, amma fiye da rabinsa gandun daji ne da doka ta hana taɓawa. Muna haye wani tudu sai ga Buddha can nesa, zaune a kan ƙoƙuwar dutse, gajimare na wucewa ta bayan kansa. Cikin ɗakin nan kowa ya yi tsit.

A saman akwai jerin shaguna da aka gina don baƙi. Kawu ya bi da mu ta tsakiyarsu bai ko waiwaya ba, yana cewa, "Waɗannan jiya-jiya aka yi su. Abin da kuka zo gani yana gaba." A farfajiyar kuwa abin da ya fara tsayar da ni shanu ne. Jajaye da baƙaƙe, suna kwance suna tuƙa a tsakiyar mutane, ba igiya, ba makiyayi. Na tambayi mai su. Ya ce ba su da mai su. Jikokin shanun noma ne. Da manoman tsibirin suka bar gonaki suka koma birni neman aiki, sai suka sake su, suka yi ta haihuwa a daji. Na daɗe ina kallon wata karsana. Tarihin ƙaura daga ƙauye zuwa birni ne kwance a gabana yana tuƙa, kuma ba don na tambaya an amsa mini ba, da hotonta kawai zan ɗauka in wuce.

Matakala 268 ake hawa kafin a kai gindin mutum-mutumin. Kawu ya ce kowa ya hau da ƙarfinsa, ba wanda ke jiran wani da agogo. A gabana akwai wata tsohuwa, ta kai shekarun kakata, hannu ɗaya a kan ƙarfen gefe, ɗaya riƙe da 'yar jakar lemo. Takan hau matakala goma ta tsaya, ta haɗa tafukanta, leɓɓanta na motsi, sannan ta ci gaba. Matasa na wuce ta da wayoyi a sama, ita ko kallonsu ba ta yi. Ni ban yarda da abin da ta yarda da shi ba, amma na san wannan fuska. Fuskar mai roƙo ce, wadda take da wani a rai, ɗa ko jika ko miji da ke kwance. Na rage sauri na biyo bayanta har sama.

A can Kawu ya tara mu a inuwa ya yi bayani. Da tagulla aka yi mutum-mutumin, gunduwa 202 aka ƙera aka harhaɗa, nauyinsa ya kai tan 250, tsayinsa da gindinsa mita 34, an kammala shi a ƙarshen 1993. Ana kiransa Tian Tan saboda an kwaikwayi gindinsa daga dandalin ibadar sarakunan da, da ke Beijing. Manyan irinsa a ƙasar Sin galibi kudu suke fuskanta, shi kuwa arewa yake kallo, wajen babban yankin ƙasar. Hannun dama a ɗage alamar kawar da damuwa ce, na hagu a buɗe kan cinya alamar kyauta. Kewaye da shi wasu mutum-mutumi shida sun durƙusa suna miƙa fure, turare, fitila, man shafawa, 'ya'yan itace da kayan kiɗa, kowanne yana wakiltar hali guda da ake son mabiyi ya koya, irin su kyauta, haƙuri da hikima.

Wata Baturiya a cikinmu ta nuna alamar da ke ƙirjinsa, mai kama da tambarin 'yan Nazi, fuskarta a ɗaure. Kawu bai ji haushi ba. Ya ce alama ce ta alheri da ta fito daga Indiya, ta girmi Hitila da dubban shekaru, shi ne ya ɗauke ta ya ɓata mata suna a Turai. Ni kuma na yi tawa tambayar: "Kawu, shin wannan kuke ɗauka a matsayin ubangiji?" Ya ce Buddha mutum ne, ɗan sarki mai suna Siddhartha Gautama, an haife shi a Lumbini cikin ƙasar Nepal ta yau, kimanin shekara 2,500 da suka wuce. Ya bar gidan sarauta don neman dalilin wahalar ɗan Adam, ya koyar da cewa kwaɗayi da manne wa duniya su ne tushenta. Malamansu suna cewa sunkuyawa a gabansa girmama malami ce. Sannan ya ƙara da gaskiyar da na ji daɗinta: "Amma uwata, da ta zo nan, roƙonsa take yi kai tsaye, ya tsare mata 'ya'ya a teku. Littafi daban, zuciyar talaka daban." Jagoran da ya haddace takarda ba zai faɗi haka ba.

Gidan zuhudu na Po Lin yana fuskantar matakalar. Wasu 'yan zuhudu uku daga lardin Jiangsu suka kafa shi a 1906, lokacin wurin dawa ne, ana kiransa Babbar Bukka. A 1924 ya sami sunansa na yanzu, wanda ke nufin fure mai daraja, furen nan mai kama da bado da ke tsirowa cikin taɓo ya fito tas. Hayaƙin turaren tsinke ya cika harabar, wasu tsinkayen sun kai kaurin damtse. Kafin mu matsa Kawu ya koya mana ladabin wurin: ba a shiga da nama ko giya, ba a taka dokin ƙofa sai dai a tsallake, ba a ɗaukar hoto a cikin ɗakunan ibada, ba a ɗaga murya. Ya dube ni ya ce babu wanda zai sa ni kunna turare ko sunkuyawa, in tsaya inda raina ya kwanta. Na tsaya daga bakin ƙofar babban zauren da aka kammala a 2014, wanda bangonsa ke cike da dubban ƙananan siffofi masu ruwan zinariya. Daga ciki ana jin karatun 'yan zuhudu, murya ɗaya a miƙe, ana buga wani ƙoƙon katako don riƙe amo.

Abincin rana a nan muka ci, kuma a nan na tabbatar tambayar da na yi a waya ta yi rana. Musulmi a ƙasar Sin kullum yana cin abinci da ɗar-ɗar, don naman alade da kitsensa na shiga inda ba ka zato. A ɗakin cin abincin Po Lin kuwa babu nama sam. Aka kawo shinkafa, miyar naman kaza (tsiron nan mai kama da laima), ganyaye, da wani abu fari a yanke da na ɗanɗana na yi murmushi: awara ce, irin wadda 'yan mata ke soyawa a bakin layinmu da yamma. Kawu ya ce su suka fara yin ta tun zamanin kakannin kakanni, kuma ita ce naman 'yan zuhudu. Ko albasa da tafarnuwa masu tsananta zuhudu ba sa ci, wai suna tayar da sha'awa da fushi.

Daga nan muka taka kamar kwata guda cikin itatuwa zuwa wani gangare da aka kafa ginshiƙan katako 38, dogaye, a jere kamar lamba takwas a kwance. An sassaƙa musu wani gajeren nassi na addininsu mai haruffa 260, da rubutun hannun shehin malami Jao Tsung-I, aka buɗe wurin a 2005. Ginshiƙin da ya fi kowanne tudu an bar shi fari ba rubutu, da gangan. Bayansu dutsen Lantau ne, mai mita 934. Manyan motocin baƙi ba su cika kawo mutanensu nan ba, don tafiyar ƙafa tana cin lokaci. A nan Kawu ya ja ni gefe, ya nuna mini wani fili mai ciyawa nesa da kowace siffa, ya ce, "Ga wuri, za mu jira ka." Na duba alƙibla a waya, sai ta nuna yamma. Mu da muka tashi muna cewa mutum ya fuskanci gabas idan zai yi salla, ga ni na ba gabas baya ina kabbara. Ban taɓa jin nisan gida da faɗin ƙasar Allah kamar a wannan azahar ba.

Bas ta gangara da mu Tai O ta hanya mai lanƙwasa. Tun kafin ka ga ƙauyen hancinka zai gaya maka ka iso: warin gishiri, busasshen kifi da wani abu mai ƙarfi kamar daddawa. Tafiyar Kawu ma ta sauya. Nan ya gai da mai shago, can wata tsohuwa ta kira shi da sunan yarinta. Gidajen suna tsaye a kan dirkoki cikin ruwa, jingine da juna, rufin kwano, kowanne da tsani mai sauka zuwa kwalekwale. Ya ce littattafai na kiran mutanensa Tanka, amma su ba sa son sunan, don akwai raini a ciki. Sun fi so a ce musu mutanen kan ruwa. Ƙarni da ƙarni a cikin jirage ake haihuwarsu, a ciki suke mutuwa, mutanen tudu ba sa ba su aure, ba sa son su zauna a ƙasa. Gida a kan dirka shi ne tsaka-tsakin da suka samu, ba a teku ba, ba a tudu ba.

A kan gadar tsakiyar gari ya tsaya ya ce kafin 1996 babu ita. Wani faffaɗan kwalekwale ne mata ke ja da igiya suna tsallakar da mutane. Ya nuna unguwar da gobarar shekarar 2000 ta cinye, inda sababbin kwanuka suka bambanta da tsofaffi. Ya kai mu wani tsakar gida inda aka shanya wani abu mai launin ƙasa-ƙasa a faifan gora. Ƙananan jatan lande ne ake niƙawa da gishiri, a bar su su ruɓa, a shanya a rana, su zama sinadarin miya. Tun da hukuma ta hana jan koma ta ƙasan teku a ruwan Hong Kong a ƙarshen 2012, don kifi ya farfaɗo, masu wannan sana'a sai daga waje suke sayo jatan landen. "Dokar tana da kyau ga teku," in ji shi, "amma mu ta zo mana a makare, kuma a kanmu ta faɗo." Gonakin gishirin da suka taɓa ciyar da garin sun mutu, matasa sun tafi birni, saura tsofaffi da baƙin ƙarshen mako.

Mun shiga kwalekwale mai inji muka zaga cikin lungunan ruwa, muka fita bakin teku neman dolfin, dabbar ruwan nan da ake haifa da duhun fata, in ta girma ta koma ruwan hoda. Kawu ya riga ya gaya mana kada mu sa rai sosai, don cike teku da zirga-zirgar jirage masu gudu sun rage su ƙwarai. Ba mu gan su ba, kuma babu wanda ya ji an yaudare shi, tunda an faɗa masa gaskiya tun a tudu. Da muka dawo ya nuna mana ɗakin bautar Kwan Tai, jarumin yaƙin da Sinawa ke girmamawa saboda riƙon amana, wanda aka gina tun zamanin daular Ming, da na Yeung Hau na 1699. A nan na gane cewa addinin masunta ba shi ne na kan dutse ba, ko da yake mutum ɗaya kan je duka biyun. Kowace shekara, ranar biyar ga watan biyar na kalandarsu, dogayen jirage masu kan dodo kan jawo siffofin da ke cikin ɗakunan bautar su zaga da su cikin ruwan gari, al'adar da suka ce ta samo asali daga wata annoba fiye da shekara ɗari da suka wuce.

La'asar na yi ta a barandar wani gidan kan ruwa, gidan 'yar'uwar Kawu. Ta share wurin da kanta, ta kawar da kujeru, ta koma ciki ta ja ƙofa har na sallame. Sannan ta kawo shayi ba sukari a ƙananan kofuna. Ba ta jin Turanci, ni ba na jin harshenta, amma da na karɓa da hannu biyu ta gyaɗa kai. Ruwa na bugun dirkoki a ƙarƙashinmu, rana na gangarawa wajen tsohon ofishin 'yan sanda na 1902 da aka gina don tsaron teku daga 'yan fashi da masu fasa-ƙwauri, wanda yanzu ya zama otal. Kawu ya raka mu tasha, ya sa mu a bas mai lamba 11, ya tsaya yana ɗaga laimarsa har muka sha kwana. Shi a gida zai kwana.

Na iske Baba Alhaji zaune a bakin gado yana jan carbi. Abin da ya fara tambaya salla ce, na ce duka biyun a kan lokaci. Sannan ya ce, "To, wurare nawa ka gani?"

Na ce, "Uku, Baba."

"Uku kacal? Da wannan kuɗin?"

Na zauna na ba shi labarin shanun da ba su da makiyayi, da tsohuwar da ke hawa matakala da jakar lemo, da matar da ta share mini barandarta. Ya saurara har ƙarshe bai katse ni ba. Da na gama ya miƙo hannu ya ɗauki takarda ta ukun nan daga kan gado, ya ninke ta biyu, ya sa a aljihun 'yar cikinsa, inda yake ajiye fasfo.